Sarkin Ƙofar Kwamfuta da Ɗakin da Ba Labule

Kowa a jami'ar nan ya iya kunna kwamfuta, amma kaɗan ne daga cikinmu suka taɓa tambayar kansu abin da yake faruwa tsakanin lokacin da yatsa ya danna maɓalli da lokacin da allo ya kawo hotuna. 'Yan daƙiƙoƙi ne, mukan cinye su wajen gyara zama ko laluben caja. To, a cikin 'yan daƙiƙoƙin nan nake so in ɗan tsaya da mai karatu, sa'an nan in ja shi zuwa wani ɗakin kwanan ɗalibai a ƙasar Amurka cikin 1996. Na san wani zai ce me ya haɗa kifi da kaska, amma a yi mini haƙuri a biyo ni, akwai igiyar da ta ɗaure su.

Kwamfuta tana da wata matsala duk lokacin da za ta tashi. Ba ta iya yin kome sai da manhaja, ita kuwa manhajar tana kwance cikin faifan ajiya, kuma ba a iya ɗauko ta daga faifan sai da wata manhajar. Watau mabuɗin yana cikin ɗakin da aka kulle. Da Turawa suka ga haka sai suka tuna da wata tsohuwar maganarsu ta mutumin da ya ce zai ɗaga kansa sama ta jan madaurin takalminsa, daga sunan madaurin nan ne suka gutsuro kalmar “but” da suke kiran tashin kwamfuta da ita. Dabarar da aka yi kuwa irin ta tashin gida da asuba ce: wanda ya riga farkawa ya ta da na kusa da shi, shi kuma ya ta da na gaba, har gida ya ɗauki motsi. A tsofaffin kwamfutoci irin na IBM da masu kwaikwayonsu, mai fara farkawa wata 'yar manhaja ce da ake kira BIOS, wadda aka dasa a jikin na'urar tun daga masana'anta. Iyakar saninta ta duba ko kayan ciki suna lafiya, sa'an nan ta tafi farkon faifai ta karanto gurbi na farko. Gurbin nan bayit 512 ne kacal, bayit ɗaya kuwa mazaunin harafi ɗaya ne. A tsarin da aka kafa cikin 1983 an kasa shi uku: bayit 64 na jerin sassa huɗu da ake iya yanka faifan, bayit 2 na ƙarshe hatimi ne mai shaida wa BIOS cewa ba ta yi ɓatan kai ba, sauran 446 su ne na umarni. Abin da bai cika saƙon tes uku ba, a kansa tashin kwamfutar duka ya rataya.

In babbar manhajar da take riƙe da kwamfutar guda ɗaya ce, ba wata magana, sai a miƙa mata ragama. Amma in mutum ya yanka faifansa biyu, ya zuba Windows a wannan sashe, Linux a wancan, to dole a sami mai tsayawa a bakin ƙofa ya tambaya ina aka nufa. Shi ne Turawa suke ce wa but-manaja. Ni dai a bakina sarkin ƙofa ne, irin na ƙofofin ganuwa a zamanin da, wanda ba shi ne sarkin gari ba, ba shi da fada, amma ba mai shiga sai ta gabansa. Da zarar ya buɗe an wuce, an manta da shi ke nan sai wata safiyar.

Sarkin ƙofar da ya yi suna a farkon zamanin Linux shi ne LILO, wanda Werner Almesberger ya rubuta cikin 1992, shekara ɗaya bayan Linus Torvalds, yana ɗalibi a Jami'ar Helsinki, ya fito da Linux. Sunan ba shi da dangantaka da lilon da muka yi a reshen bishiya muna yara, gutsattsarin kalmomin Turanci biyu ne, ko da yake waɗanda suka yi fama da shi sun sha lilo daidai gwargwado. Abin da ya ba ni sha'awa game da shi, yana rubuta sunansa a allo harafi-harafi, kowane harafi kuma shaida ce cewa ya haye wani mataki. In L na farko ya fito, ya farka. In I ya biyo, ya ɗauko ɓangarensa na biyu daga faifai. L na biyu yana nufin ɓangaren nan ya kama aiki, O kuwa kome ya daidaita. Saboda haka in abu ya lalace, inda sunan ya katse shi yake gaya maka inda ciwon yake. Katsewar da aka fi sani ita ce allo ya yi baƙi ƙirin da haruffa biyu, LI, ya kafe nan har gobe. Dalili kuwa, LILO bai iya karanta tsarin ajiyar faifai ba, lambar gurbi kawai yake haddacewa, kamar makahon da ya ƙirga takunsa daga ƙofar ɗaki zuwa randa. In aka matsar da randar ba a gaya masa ba, sai ya isa wurin ya yi ta laluben iska. GRUB, wanda Erich Boleyn ya fara cikin 1995, ƙungiyar GNU kuma ta karɓe shi cikin 1999, shi ya zo da ido: yana karanta faifan da kansa, ya nemo fayil da sunansa, ya jera maka zaɓi a allo. Sannu a hankali ya ture LILO, har aka daina yi wa LILO gyara a ƙarshen 2015.

GRUB ɗin nan ne a kan 'yar kwamfutata ta cinya, wadda na saya ta hannu ina aji ɗaya. Wani abokina na sashen kimiyyar kwamfuta ya zuba mini Linux kusa da Windows ɗin da na same ta da shi. Duk sa'ad da na kunna ta sai baƙin allo ya fito da 'yan layuka, an haskaka na farko, can ƙasa kuma lamba tana raguwa: 10, 9, 8. Wannan lambar ita ce gaɓar maganata. Sarkin ƙofa yana tambaya, amma ba ya jira har abada. In ka yi shiru har lambar ta ƙare, sai ya buɗe ƙofar da aka riga aka rubuta masa a layin farko. A Windows NT daƙiƙa 30 aka ba shi ya jira, GRUB kuwa daƙiƙa 5 masu shi suka yanka masa, kowa kuma yana iya ƙarawa ko ragewa. Hausawa sun ce shiru ma magana ce. A nan an ɗauki zancen da gaske, har an rubuta wa shirun fassara tun kafin a yi shi. Na kuwa lura cewa a cikin kunnawa goma da ƙyar nake taɓa maɓalli sau ɗaya. Littattafaina da aikin aji suna sashen Linux, fina-finai da wasan ƙwallo suna ɗayan, kuma Linux ne a layin farko, don haka ragwancin da yake hana ni miƙa yatsa shi yake kai ni karatu. Da abokin nawa ya juya layukan, ragwancin nan dai shi zai kai ni kallo. Kullum ana tambayata, amma wanda ya jera layukan ya fi ni iko da inda nake wuni.

A riƙe wannan a hannu, mu tafi ga ɗaya maganar.

A cikin shekarun nan da ake fama da LI, irin mutanen nan dai, watau ɗalibai da masu bincike masu kwana gaban kwamfuta, su ne suka fara haɗa kyamara da intanet. Abin da aka fara haskawa ba mutum ba ne, tukunyar gahawa ce. A sashen kwamfuta na Jami'ar Kambirij a Ingila, mutane sun gaji da saukowa daga bene su tarar an shanye, sai Quentin Stafford-Fraser da Paul Jardetzky suka kafa wa tukunyar kyamara cikin 1991, domin kowa ya duba daga teburinsa kafin ya taso. Cikin 1993 aka ɗora hoton a intanet, sai ga mutanen wasu ƙasashe, waɗanda ba za su taɓa kurɓar gahawar ba, suna leƙowa su ga ko akwai saura. Ba a kashe kyamarar ba sai ran 22 ga Agusta, 2001, wata mujallar Jamus kuma ta saye tukunyar a gwanjo a kan fam 3,350. Tun daga kan tukunyar nan ya kamata a gane cewa ba sai abu yana da daɗin kallo mutane suke kallonsa ba. Sanin cewa yanzu-yanzu yake faruwa ya wadatar.

Cikin Afrilu 1996 wata ɗaliba 'yar shekara 19 mai suna Jennifer Ringley, a Kwalejin Dickinson ta Jihar Pensilbaniya, ta ɗora kyamara a kan kwamfutarta a ɗakin kwananta, ta juya ta ga ɗakin, ta sa wa abin suna JenniCam. A lura fa, a lokacin nan mai son a gan shi sai ya yi gumi. Kyamarar da 'yan makaranta suke iya saya ita ce QuickCam, wadda ta fito cikin 1994 a kan wajen dala 100, ba ta da launi sai fari da baƙi da abin da ke tsakaninsu. Sai ka haɗa ta, ka tsara umarnin da zai riƙa ɗaukar hoto yana aikawa, ka sami layin intanet da ba ya yankewa. Wanda bai yi duk wannan ba, ɗakinsa a rufe yake. Watau a zamanin, abin da ke layin farko ga kowa shi ne sirri, bayyana kuwa sai ka miƙa hannu ka zaɓa.

Abin da JenniCam take nunawa ba bidiyo ba ne, ba kuma murya. Hoto ne tsayayye, bayan minti uku wani ya maye gurbinsa, watau hoto 480 a kwana. Galibinsu ba kome a ciki: kujera ba kowa, gado a yamutse, ko ita tana barci, ko tana karatu, ko ta tsura wa allo ido. Duk da haka mutane suka yi ta tururuwa, har shafin ya shiga sahun waɗanda aka fi ziyarta a zamanin, har David Letterman ya gayyace ta shirinsa na talabijin cikin 1998. A shekarar ne kuma fim ɗin The Truman Show ya fito, na mutumin da ake haska rayuwarsa tun daga haihuwa bai sani ba. Mutane suka yi ta kwatanta su, alhali ita da saninta, ita ta kafa kyamarar da hannunta. Ni abin da nakan yi tunani a kai shi ne minti ukun nan na tsakani. Abin da ya faru a cikinsu nata ne ita kaɗai, masu kallo sai dai su cike giɓin da zato. Ko ba kome, ƙarancin ƙarfin na'ura ya bar mata ɗan labule, wanda saurin intanet na baya ya yaye.

Ga inda igiyar take. Da farko Ringley takan kashe kyamarar in za ta yi abin da ba na idon jama'a ba. Daga baya ta daina kashewa, kome aka yi a ɗakin ana gani, har abin da ba ya faɗuwa a mujalla irin wannan. An yi ta tsinuwa, an yi ta yabo, wasu suka ce rashin kunya, wasu suka ce gaskiya ce tsirara. Ni a ganina duk sun tsallake wani abu mai sauƙi. Daga ranar da aka bar kyamara a kunne dare da rana, layukan sun juya. Kafin nan, in ta yi shiru ba a ganinta. Bayan nan, in ta yi shiru ana ganinta. Ɓuya ce ta koma aiki: sai ta tuna, ta tashi, ta miƙa hannu, kuma duk sa'ad da allo ya yi duhu masu kallo sun san ana ɓoye musu wani abu, sai kashewar kanta ta zama tallar abin da ake so a rufe. Mutumin da ba ya iya miƙa yatsa cikin daƙiƙa 10 don ya zaɓi inda zai wuni, ba shi da bakin yi wa wata mamaki don ta gaji da miƙa hannu sau da yawa a kwana.

Daɗin daɗawa, ɗaki ba na mutum ɗaya ba ne ko da shi kaɗai yake kwana a ciki. Ƙawaye suna zuwa, saurayi yana zuwa. Ita ta ga allon zaɓi ta zaɓa, amma wanda ya ƙwanƙwasa ya shigo, sai dai ya tarar an riga an zaɓar masa, iyakarsa ya juya ya fita ko ya zauna a gan shi. Haka abin ya tafi shekara bakwai da 'yan watanni, daga kwaleji zuwa gidajen da ta zauna bayan ta gama, har ta riƙa karɓar kuɗi daga masu son hoto ya riƙa sauya musu da sauri. Ta rufe shafin ran 31 ga Disamba, 2003, dalilin da aka bayar kuwa shi ne dokar kamfanin PayPal, wanda take karɓar kuɗin ta hannunsa, ta hana harkar hoton tsiraici. Bayan nan ta janye daga idon jama'a, daidai lokacin da sauran duniya take shirin shiga inda ta fito, domin Facebook cikin Fabrairu 2004 aka buɗe shi.

Waɗanda suka biyo bayanta ba zan daɗe a kansu ba. Mawaƙiya Ana Voog ta kafa tata kyamarar cikin 1997. Wani attajirin intanet, Josh Harris, ya tara mutum wajen ɗari a ƙarƙashin wani gini a birnin Niyok cikin Disamba 1999, kowane gado da kyamararsa da allonsa, kowa yana kallon kowa, har hukuma ta watsa taron ranar sabuwar shekara ta 2000. Bai daddara ba, ya cika gidansa da kyamarori ya zauna da budurwarsa a idon duniya, zaman bai ƙare da daɗi ba, ta tattara ta bar shi. Cikin Maris 2007 Justin Kan ya ɗaura kyamara a hularsa a San Faransisko, yana yawo da ita dare da rana, wannan karon bidiyo ne da murya. Ba a daɗe ba wasu masu kallo suka yi wa 'yan sanda kiran ƙarya da sunan gidansa, 'yan sanda suka faɗo masa da bindigogi ana kallo. Daga shafinsa na Justin.tv ne Twitch ya fito cikin 2011, kamfanin Amazon ya saye shi cikin 2014 a kan dala miliyan 970. Abin da ya fara da tukunyar gahawa ya zama kasuwa.

A cikin wannan tsakanin shi kuma sarkin ƙofa aka yi ta tura shi bayan gida. UEFI ya maye gurbin BIOS. Ubuntu, in shi kaɗai ne a kwamfuta, yakan ɓoye allon zaɓin sai ka san maɓallin da za ka danne ya fito. Wayar da ke aljihun kowannenmu ma tana da nata sarkin ƙofar, amma a kulle yake zuwa daga masana'anta, ba ya tambayar kowa kome. Ba zan ce ba dalili ba. Gurbin farkon nan tun da daɗewa ɓarayi suka gane darajarsa: ƙwayar cutar kwamfuta mai suna Brain, wadda wasu 'yan'uwa biyu suka rubuta a Lahore ta Pakistan cikin 1986, a gurbin tashi na faifai take maƙalewa, domin wanda ya riƙe ƙofa ya riƙe gari. Kulle ƙofar ya rage wannan ɓarna. Amma sakamakon shi ne mun taso da na'urar da ba ta taɓa nuna mana cewa akwai layin farko ba, balle mu tambayi wa ya jera shi, ga ta kuma da kyamara gaba da baya, da maɓalli ɗaya da yake yin abin da Ringley ta sha wahala kafin ta yi.

Mu huɗu ne a ɗakinmu. Ɗaya daga cikinmu yana sayar da huluna da agogo, kuma kusan kullum bayan isha yakan jingina waya a kan akwatinsa ya hau laif, kamar yadda ake faɗi, yana ɗaga kaya yana hira da masu kallo. Ba na ƙinsa da sana'arsa, da ita yake biyan kuɗin makaranta. Sai dai abin da ke bayansa gadona ne, da gidan sauro na, da tukunyata. Ran nan ƙanwata ta kira ni daga gida tana dariya, wai sun gan ni da singileti ina cin garau-garau, Inna ma ta gani, ta ce a tambaye ni ko lafiya na rame haka. Wannan abin dariya ne, na kuwa yi. Wanda ba na dariya ba ya zo bayan 'yan kwanaki, sa'ad da ɗayan abokin zamanmu yake magana da mahaifinsa a waya a kan kuɗin rajista da ba su samu ba, muryarsa tana rawa, bai san wayar da ke kan akwati tana kwashe kome ba. Washegari wani ɗan ajinsu ya tare shi a hanya da jaje.

Daren nan muka zaunar da mai hulunan. Na ce masa, “Malam, in za ka shigo mana da baƙi ɗaki ka riƙa yi mana sallama mana.” Ya ce, “Haba ɗan'uwa, ai ba ku nake ɗauka ba, hula nake nunawa. Kuma tun da na fara ba wanda ya taɓa cewa kada in yi.” Gaskiyarsa, ba wanda ya taɓa cewa. Sai na kawo shawarar da na aro daga kwamfutata, cewa kafin ya danna ya riƙa ƙirgawa da ƙarfi daga goma zuwa ɗaya, mai magana ya yi, mai sa riga ya sa. Ya yarda nan take, har ya ga abin kamar wasa. Inda muka sha gardama shi ne me shiru yake nufi in ƙirgar ta ƙare. Shi ya ce shiru yarda ce, ni na ce in ba a ce masa “bismilla” ba to ba a yarda ba. Muka fi rabin sa'a a kai, kowa ya kafe, sai na huɗunmu, wanda tun da aka fara bai tanka ba, ya ɗago daga kan gado ya ce, “To wanda yake barci fa?”

Mu uku muka rinjaye shi. Tun daga ranar yakan ɗauki akwatinsa da hulunansa ya fita baranda, ya jingina wayar a jikin ginshiƙi. Hasken can ma ya fi, ya ce ciniki ya ƙaru. Abin da ke bayansa a barandar famfo ne, inda 'yan sauran ɗakuna suke layin ɗiban ruwa da bokitansu, wasu da tawul a wuya, wasu da buroshi a baki.